Muryar Mama a Bakina

Masu karatu, yau ba kare kaina na zo yi ba, don haka ku bar ni in kai ƙarshe kafin ku fara yi mini faɗa a ƙasan rubutu.

Ga wanda yau ya fara shigowa: sunana Hemma, ina koyar da 'yan aji biyu a wata firamare a unguwar Ottakring da ke birnin Vienna. Kusan kullum sai na gaya wa yarana cewa duk wanda ya fasa abu ya ɗaga hannu, ba wanda zai cinye shi. Jiya Lahadi an yi ɓarna a falon mahaifiyata, ni na yi ta, kuma hannuna yana kan cinyata har aka watse.

Mahaifiyata ita ce Traudl Zechmeister. Duk wanda ya tashi a Vienna ya san fuskarta, amma muryarta ya fi sani: murya mai kauri, mai ɗan dishi-dishi a ƙasa, wadda in ta ce "zauna" har karen maƙwabta sai ya zauna. Ta daɗe tana fitowa a finafinai kafin ta koma bayan kyamara ta zama darakta, a zamanin da maza ke cewa mace ba za ta iya juya ma'aikata ba. Ta juya su, har da masu faɗin hakan. Sabon fim ɗinta ita ta ba da umarni, ita ce kuma jarumar, wata mai sayar da kayan miya a kasuwa wadda mijinta ya rasu. Ta ce daga shi ta ajiye.

An gama ɗaukar fim ɗin a lokacin kaka. Cikin hunturu aka yi mata aiki a maƙogwaro. Ta fito lafiya, mun gode Allah, amma muryar ba ta biyo ta gida ba. In ta ɗan jima tana magana sai ta fara tsagewa, daga nan sai iska. Ita ta ce mura ce. Likita kuwa ya gaya wa ƙanwarta, Tante Gusti, wata magana daban. Tante Gusti ta gaya mini a kicin tana yanka albasa, don a ce albasar ce ta sa ta hawaye.

To ga inda matsalar take. Duk abin da aka ɗauka a waje, iska da ƙarar jirgin da ke bin tsakiyar titi suna ɓata sautinsa. Don haka bayan an gama, 'yan wasa kan shiga sutudiyo su kalli leɓɓansu a allo, su sake faɗin maganganunsu a ɗora. Kowa ya yi nasa. Mama ta je sau biyu, duk ta dawo ta shige ɗaki ba ta ci abinci ba. Masu bikin finafinai kuma suna jiran fim ɗin ƙarshen watan nan.

Mai haɗa sautin shi ne Severin Moosbrugger, wanda ya shekara yana nemana da aure. Dogo ne, mai sanyin magana, ɗan wani ƙauyen duwatsu can yamma a Vorarlberg. In faɗa muku gaskiya, Mama ce ta riga ni sonsa. Ni ma ina sonsa, sai dai ni mutum ce mai son a bi abu daki-daki, su kuma 'yan gidanmu so suke a ce an ɗaura tun jiya.

Wata rana ina gidan Mama ya kira wayar gida, na ɗauka.

"Barka da rana, Frau Zechmeister, dama batun..."

"Severin, ni ce fa."



"Sake cewa wani abu," in ji shi.

"Me zan ce?"

"Ya isa. Hemma, gobe in an tashi daga makaranta ki biyo ta wurin aikina."

Na gane abin da yake nufi tun kafin in ajiye wayar: muryar Mama ya ji a bakina. Kada in yi muku ƙarya in ce an yaudare ni. Da ƙafata na je.

"Layi ɗaya kawai," ya ce, "mu ji yadda zai fita." Ya sa mini abin ji a kunne, ya rufe ni a ɗan ɗakin gilas. Fuskar Mama ta cika allo. Tana tsugune gaban kabarin mijinta na fim, tana cire ciyawa tana yi masa faɗa don ya mutu bai gyara famfon kicin ba. Na buɗe baki. Abin da ya fito ban sha wahalar nemansa ba. Na san inda take jan numfashi, na san yadda take haɗiye ƙarshen kalma in tana ɓoye kuka. Tun ina jaririya nake jin ta.

Da na ɗago, Severin ya cire tabarau yana goge ido.

Layi ɗaya ya zama fitowar kabari gaba ɗaya, ita kuma ta ja fitowar kasuwa. Muka shirya zai ce mata injinansa ne suka tsinto muryarta daga cikin hayaniya. Ga abin da ya fi ci mini rai: na ji daɗi. Na bar makarantar koyon wasa bayan shekara guda saboda kowane malami sai ya ce "kamar mamanki sak", ni kuma na gaji da zama kwafin wata. Sai ga ni a ɗakin gilas na zama kwafin, zuciyata fes.

Ranar Juma'a ya nuna mata fitowar kabari. Ina cikin duba aikin yara saƙonta ya shigo, da sunan lelen da take kirana da shi:

"Hemmalein, muryata tana nan. Ashe tana nan. Yaron nan yana da sihiri a hannu. Lahadi kada ki makara, kuma don Allah ban da shuɗiyar rigar nan."

Na daɗe ina kallon wayar. Daga ƙarshe na tura mata hoton jar zuciya. Jar zuciya, jama'a.

Lahadi na sa shuɗiyar rigar mai farin wuya, domin ita kaɗai ce a goge. Tante Gusti ta buɗe mini ƙofa, hannunta duk garin burodi, ta ƙare mini kallo daga sama har ƙasa.

"Ga Sista Hemma ta iso. Coci za ki ko gidan uwarki?"

"Ina wuni, Tante."

"Lafiya. Saurayinki ya riga ki zuwa, ya kawo furanni, ya sa kwat. Ke kuma kin zo kamar mai karɓar sadakar marayu. Cire takalmi."

Gidan Mama a unguwar Josefstadt yana nan yadda kuka san irin waɗannan tsofaffin gidajen: rufi can sama, daɓen katako mai kuka, koren murhun tangaram a kusurwa, bango cike da hotunanta a finafinai daban-daban, tana kuka a nan, tana riƙe da bindiga a can. An shimfiɗa farin mayafin tebur na ranakun biki, an fito da farantan masu bakin zinariya. Mama ta sa koren siliki da 'yan kunnen lu'ulu'u, ta naɗa ɗan gyale a wuya ya rufe tabon aikin. Rabon da in ga ta sa jan baki tun kafin asibiti.

Muka zauna. Schnitzel na naman maraƙi ya cika faranti har ya zubo gefe, ga dankali da binigar. Mama da ke tattalin muryarta kamar gishirin ƙarshe a gida, ranar sai ta yi ta ɓarnar ta.

"Sevi, ƙara nama."

"Na ƙoshi, Frau Zechmeister."

"Traudl. Daga yau Traudl za ka ce."

Cokalina ya tsaya a hanya. Akwai mutanen da suka tsufa suna aiki da ita ba ta ba su wannan izinin ba. Ta ɗaga kofinta, shi ma ya ɗaga nasa, kunnuwansa sun yi jawur.

"To an gama da wannan," in ji Tante Gusti. "Saura mu. Shekara guda muna kiwon ka da maraƙi, bawan Allah, yaushe za mu ga amfanin kiwonmu?"

"Tante, ki bar shi ya ci abinci," na ce.

"Abincin yake ci tun bara. Ke ma da za ki buɗe baki ki ce e ko a'a da mun huta. Ko sai kin rubuta a allo kin ja layi a ƙasa?"

Mama ta yi dariya, dariyar ta ƙare da tari. Ta sa hannu a aljihu ta fito da ɗan ƙaramin akwati, ta tura shi gefen farantin Severin. Na san shi. Zoben kakata ne, Oma Resi.

"Ba ni zan ba ta ba," in ji Mama. "Kai ka san lokacinka. Amma mutumin da ya dawo mini da muryata, ban ga abin da zan hana shi a gidan nan ba."

Severin ya kalle ni. Ni kuma na kalli dankali.

A nan ya kamata in ɗaga hannu. Na sani. Na ce a raina bari a gama shan kofi tukuna.

Ba a kai ga kofin ba Mama ta ce a kunna mata fitowar kasuwa, wadda ba ta gani ba tukuna. Severin ya jona kwamfutarsa da talabijin. Muka koma kan kujeru, kowa da farantin kek ɗin nan da muke kira strudel a cinya.

Dole in yi muku bayanin wani abu. Mama ba ta cika bin abin da aka rubuta ba. Ranar da aka ɗauki wannan wurin, ta juya wa kyamara baya tana miƙa wa wata mai saye kaya, ta faɗi magana daga kanta, jirgin titi kuma ya zo wucewa ya danne rabinta. Severin ya ce da ni, "Tumatir take miƙa mata. Fuskarta ba ta fito ba, faɗi abin da ya zo bakinki." Na faɗa.

Sai ga shi jiya ya cika falo, da muryar da kowa ya sani:

"Ɗauki Tomaten ɗin nan, daga lambuna suke, ba sai kin matsa su ba."

Tante Gusti ta ajiye cokali mai yatsu a hankali.

A Vienna tumatir sunansa Paradeiser. Tomaten ta Jamusawa ce, da mutanen yamma irin su Severin, da kuma littattafan da nake koyar da yara da su. Na faɗe ta a aji har ta zauna mini a harshe ban sani ba. Shi kuwa da ita ya tashi, kunnensa mai jin numfashin sauro bai ji komai ba.

"Mayar baya," in ji Mama.

Ya mayar.

"Sake."

Ya sake. Ta cire tabarau ta naɗe shi a kan cinyarta.

"Na taɓa tattara kayana na bar wurin ɗaukar fim a Hamburg a kan kalmar nan," ta ce. "Daraktan ya ce Jamusawa ba za su gane ba, na ce su koya. Uwata Paradeiser ta sayar a kasuwa har ƙafafunta suka daina ɗaukarta. Fim ɗin nan nata ne. Ko a mafarki ban ce wancan abin ba." Ta juyo. "Wace ce?"

"Traudl..."

"Herr Moosbrugger, tambayarka nake. Wace ce ke magana a bakina?"

Bai kalli inda nake ba. Ko ƙiftawa bai yi ta wajena ba, kuma wannan ya fi mari zafi.

"Ni na kawo shawarar, ni na ɗora," ya ce. "Laifin nawa ne."

"Ba laifi na tambaya ba. Suna."

"Na yi mata alkawari."

"'Yar Jamus ce ko? Ka ɗauko mini 'yar Hamburg ta tsaya a rumfar uwata?"

"Ba zan iya faɗa ba, Frau Zechmeister."

Da ta sake magana, muryar ta kusa ƙarewa.

"Ta kabarin fa?"

Ya sunkuyar da kai.

"Ranar Juma'a na kira likitana na yi masa dariya," in ji Mama. "Na ce ya zo bikin ya ji da kunnensa. Na zauna a ɗakinka ina kuka don na ji kaina, kai kuma kana miƙo mini hankici..."

Daga nan leɓɓanta suka ci gaba da motsi, sauti bai fito ba. Ta daina ƙoƙari. Ta miƙe ta je tebur ta ɗauki ɗan akwatin ta mayar aljihu, ta nuna masa ƙofa.

Da ma a ce ana fita daga gidan mutane nan take. Sai da ya cire silifan baƙi, ya zauna a bencin bakin ƙofa ya ɗaura igiyar takalmi, ɗaya, sannan ɗayan. Muna jin komai daga falo. Ina zaune da strudel a cinya, ina cewa a raina yanzu zan tashi, yanzu zan tashi, har ƙofa ta rufe.

Mama ta dawo ta zauna kusa da ni. Ta kama hannuna, ta matso da bakinta kunnena domin raɗa kawai ta rage mata.

"Ki yi haƙuri, na san kina sonsa. Gara ma da kika bar harkar nan, Hemmalein. Ke kaɗai ce a gidan nan ba ki iya wasan kwaikwayo ba."

Na gyaɗa kai. Ku ji fa, gyaɗa kai na yi.

Ta shige ɗakinta da kwamfutar da ya bari. Ni da Tante Gusti muka kwashe kwanuka. Ina wankewa tana gogewa. Can ta ɗaga faranti tana duba shi a hasken taga.

"Yau ba ki da surutu."

Na ɗaga kafaɗa.

"Tun da aka kashe talabijin ban ji ko tarinki ba. Maƙogwaron ne ke ma? Ko gudun kada a ji muryarki kike?"

Farantin ya kusa suɓuce mini.

"Tante..."

"A'a, ni ban san komai ba, tsohuwa ce ni, kunnena ya mutu. Sai dai ni na yi ta kiran wayar gidan nan ina cewa 'Traudl' ana ce mini 'Hemma ce'. Uwarki kaɗai ce ba ta taɓa yin wannan kuskuren ba, domin mutum bai san yadda muryarsa take a kunnen wasu ba." Ta ajiye farantin. "Yaron kirki ya fita da kunya a kansa kamar hula. Ni dai ba zan faɗa ba. Ba aikina ba ne. Miƙo kofunan."

Na shiga bayi na kulle, na ciro waya.

"Kana ina?"

"A benci, wajen coci. Kin ci strudel ɗin?"

"Severin, kada ka yi mini wasa. Me ya sa ba ka faɗa ba?"

"In ni ta rasa, ana samun wani mai haɗa sauti. In ke ce, wa za ta samu?"

"Zan gaya mata."

"Yaushe?"

Na rubuta "yau", na goge. Na rubuta "gobe", na goge. Yana ganin alamar ina rubutu, ina tsayawa. Daga ƙarshe shi ya turo:

"Ba na gaggauta ki. Na saba jiran ki."

Rana ta yi sanyi lokacin da Mama ta ƙwanƙwasa bangon ɗakinta, yadda take kirana yanzu. Na same ta a kan gado, ta cire 'yan kunne, ta kwance gyalen, tabon yana fili. A allon kwamfutar an tsayar da fitowar kabari. Ta sha shayi da zuma, muryar ta ɗan dawo kaɗan. Ta dafa gefen gadon, na zauna.

"Na yi ta saurarenta," ta ce. "Na so in tsane ta. Hemma, matar nan ta iya. Ba kwaikwayona take ba. Masu kwaikwayona na san su, kaurin suke ɗauka su bar sauran. Wannan ta san inda nake jin tsoro. Ban san a ina ta koya ba."

Na ƙura wa bargo ido.

"Muryata ba za ta dawo ba. Gusti ta zaci ban sani ba." Ta ɗan murmusa. "To fim ɗin uwata ba zai mutu a kwamfuta ba, kuma ba zai fita da Tomaten a ciki ba. Ki gaya wa mutumin naki ya kawo ta ranar Talata da ƙarfe huɗu. Akwai sauran wurare da yawa. In za ta ɗauki muryata, a gabana za ta ɗauka, ni zan ba ta umarni, kalma bayan kalma. In ya kawo ta, kujerarsa tana nan a teburina. In bai kawo ta ba, na janye fim ɗin, shi kuma kada in sake ganinsa."

"Mama, akwai..."

"Bari in gama, muryar ba ta da yawa." Ta damƙe yatsuna, hannunta sanyi ƙalau. "Na tsaya gaban kyamara tsirara, na tsaya gaban maza masu ihu, ban taɓa neman rakiya ba. Amma in zauna ina kallon wata mata a bayan gilas tana magana da muryata, wannan ba zan iya shi ni kaɗai ba. Kina tashi ƙarfe biyu ranar Talata, ko? Ki zo ki ɗauke ni. Ki zauna kusa da ni, ki riƙe mini hannu har ta gama."

Ta tsare ni da ido tana jira.

Masu karatu, na buɗe baki, sai na tuna ta yini tana sauraren wannan muryar. Don haka na sauke ta ƙasa sosai, na mayar da ita raɗa irin tata.

"To, Mama," na ce. "Zan zo."

Yau Litinin. Ina rubuta muku wannan a ɗakin malamai, an kusa kaɗa ƙararrawa. Gobe da ƙarfe huɗu ana jirana a kujerar da ke kusa da Mama, ana kuma jirana a bayan gilas.